Sandar Wanzami

Fada ya kai ƙarshen labarin, ya dubi katanga. Shiru.

Haka yake yi duk Asabar kafin ya tafi gidan rediyo: ya tsaya a tsakar gidan coci ya gwada barkwancinsa da ƙarfi. Bayan katangar tsohon wanzami ke zama. In labari bai yi ba, sai ya ƙwanƙwasa da sanda, Fada ya jefar da shi. In ya yi, tari kawai za a ji. Gari kaf na dariyar Fada, tsohon nan ko sau ɗaya bai yi masa ba. Abin na cin Fada a rai.

Yau ko tarin babu. Muryar matar tsohon ce ta tsallako.

"Fada, ka zo da man shafawa na addu'a. Jikin ya ƙi."

Ɗakin na warin magani. Asakensa na kan taga, an naɗe su a tsumma. Tsohon ya buɗe ido ɗaya.

"Ajiye kwalbar tukuna, ɗana. Ban ji na yau ba, kunnen ya tafi."

"Baba, addu'a ce ta kawo ni."

"Addu'ar ka iya. Ɗayar sana'ar ce nake jiye maka."

Fada ya zauna bakin gado. Ya fara: wani ya zo furta zunubi, wai akuyar maƙwabci ya sata. Fada ya ce maza ya mayar. Mutumin ya ce, "Ta yaya? Ranar Lahadi kai ka sa wa naman albarka, har ka nemi ƙari."

Tsohon ya laluba tawul ya danna a baki. Kafaɗunsa na rawa. Tari ya biyo baya, mai tsawo.

"Farkon ya yi yawa," ya ce da ƙyar. "Rage. To, shafa man."

Fada ya shafa masa a goshi da tafukan hannu, ya karanta abin da ake karantawa. Kafin rana ta karkata tsohon ya cika.

Matar ta zare tawul ɗin daga hannunsa tana ninkewa.

"Kullum haka yake yi," ta ce. "Ya toshe baki har ya sarƙe. Wai in ka ji dariyarsa kanka zai kumbura, ka daina gyarawa."

Fada ya ɗauki kwalbarsa ya fita. Da yamma ya je rediyo, ya rage farkon.

Asabar ta zagayo. Ya tsaya inda ya saba, ya gwada sabon labari, ya jira. A bayan katanga tsintsiya ta tsaya, sannan ta ci gaba da shara. Kan sandar na leƙowa ta saman katangar, inda aka jingine ta.