Baƙo Mai Littafi a Gidan Shayi

A rana ta uku ne Liao Shufen ta tabbata cewa mutumin nan ba kallon wasa ya kawo shi ba.

Ta leƙo shi ta tsagar labule, daga inda ta saba tsayawa da allura soke a gaban rigarta. Yana zaune a kujerar gora ta gefen hagu, dab da dandali, wurin da ba mai so saboda ginshiƙi yana tare rabin kallo. Dattijo ne mai furfura, da tabarau da 'yar jakar ratayawa irin ta masu yawon buɗe ido. To amma masu yawon buɗe ido Shufen ta san su ciki da waje. Sukan zo Chengdu, nan ƙasar Sin, su ci yaji har su yi hawaye, a kwaso su zuwa gidan shayin nan da ƙarfe biyu na rana, su yi ta hamma lokacin waƙa, su ɗaga wayoyi suna ihu idan mijinta ya fara sauya fuska, daga nan ba a sake ganinsu. Wannan kuwa kwana uku ke nan a jere, kujera ɗaya, ba waya, ba tafi. Shayinsa har ya huce bai ɗaga murfin kwanon ba. Littafi kawai yake buɗewa a kan gwiwa, ya kalli dandali, ya yi zane.

Mijinta, Ran Deshun, wanda kowa ke kira Malam Ran, shi ke rufe wasa kullum. Yakan fito cikin baƙar alkyabba da mafici a hannu, fuskarsa ja. Ya kaɗa mafici ta koma kore, ya juya kai ta koma fara, mutum bai ƙifta ido ba ta zama ta biri. Fuskokin nan na siliki ita ke ɗinka su shekara talatin da ɗaya, kuma ban da ita da shi babu wani a gidan shayin nan da ya san yadda ake jera su. Akwai na uku a da, wani almajirinsa da suka riƙe shekara shida, wanda ya tattara abin da ya koya ya gudu, yanzu yana yi wa mashaya wasa a gidajen cin abinci. Tun daga ranar Shufen ta daina yarda da mai kallo da yawa.

Da aka tashi ta tare Pu mai ganga yana naɗe sandunansa.

"Ka ga mutumin gindin ginshiƙi?"

"Mai tabarau? Yaya Shufen, ai ke yake kallo. Ni dai na ce masa kina da aure."

"Bakinka ne zai kashe ka wata rana. Ina maganar gaske. Zane yake yi."

Pu ya ɗan daina murmushi. Ya ce ya ji mutumin yana sayen tikiti, kuma maganarsa ba ta nan ba ce, ba kuma ta arewa ba. "Irin mutanenmu ne da kakanninsu suka haye teku. Malesiya ko Singafo. Can ma na ji otal-otal suna neman masu sauya fuska ido rufe."

Abin da take tsoro ke nan Pu ya faɗa da bakinsa.

Washegari ta karɓi buta daga hannun mai zuba shayi, ta fita cikin 'yan kallo da kanta, abin da ta yi shekaru ba ta yi ba. Ta bi tsakanin kujeru tana taka ɓawon gyaɗa, ta zuba wa wannan ta zuba wa wancan, har ta iso bayan mutumin. Kafin ta sunkuya ya rufe littafin, ya ɗora tafin hannu a kai.

"Baƙo, shayinka ya huce. Ko namu bai yi maka ba?"

"Ya yi, Yaya, na gode." Muryarsa a hankali, kamar ta mai gudun tada barci. "Sunana Khoo, daga Penang ta Malesiya nake. An ce ke ce matar Malam Ran."

"Wa ya ce?"

"Mai tikiti. Yaya, in ba damuwa, shekararsa nawa?"

"Sittin da huɗu. Aurensa za ka yi?"

Bai yi dariya ba. Ya gyara tabarau ya ce, "Da wane hannu ya fi aiki, dama ko hagu?"

Duk wanda ya tambayi hannun mai sauya fuska ya san inda zancen yake. Ta cika masa kwano har shayin ya zuba a kan faranti, ta ce, "Da hannun da aka haife shi da shi," ta juya.

Da yamma, a ɗan ɗakin da ke bayan dandali, tana cire wa mijinta alkyabba ta kwashe komai ta faɗa masa. Ta zaci zai tashi da faɗa. Malam Ran ne fa, wanda ya taɓa tsayar da wasa a tsakiya saboda wani ya kafa na'urar ɗaukar hoto a gefen dandali. Sai ga shi ya ci gaba da goge fenti a wuyansa, idonsa a kan madubi.

"Ƙyale shi."

"In ƙyale shi? Tsoho, ka ji abin da na ce? Hannunka ya tambaya."

"Na ce ki ƙyale shi. Kada ki sake zuwa wurinsa. Ya sayi tikiti, ya zauna, ina ruwanki?"

Ta tsaya da alkyabbar a hannu tana kallon ƙeyarsa. A nan ne wani tunani ya shigo mata wanda ya fi na farko muni. Wata biyu ke nan mijinta yana cewa ya gaji. Sau biyu ya fita da safe ya ce zai je ganin tsuntsaye a lambun unguwa, ya dawo bai iya faɗin tsuntsu ɗaya da ya gani ba. Idan fa sun san juna? Idan fa shi ne ya gayyato mutumin, ya yanke shawarar sayar da abin da malaminsa ya damƙa masa, da abin da ita ta lalata idonta a kai, ba tare da ya ce mata uffan ba?

Suka ci taliya a gida. Tana ta kallonsa, shi kuma yana ta kallon talabijin.

A rana ta biyar ba ta leƙa ta labule ba. Ta jira aka gama, aka yi tafi, ta ce wa mijinta za ta je sayen zare. Ta fita ta ƙofar gaba, ta zagaya ta lungun baya inda ake ajiye kekuna, ta laɓe bayan tarin kujerun da suka karye. Ba ta daɗe ba sai ga Khoo ya zo ya tsaya a bakin ƙofar baya. Can Malam Ran ya fito. Ba ta jin abin da suke faɗa, amma ta ga baƙon yana magana yana miƙa littafin, ta ga mijinta yana waige-waige kamar ɓarawo, yana girgiza kai, yana nuna masa hanya.

Ba ta san lokacin da ta fito ba. Ta fizge littafin daga hannun Khoo.

"To, a yi a gabana! Me ya ba ka? Fuska nawa ka sayar masa?"

"Shufen, ba ni littafin nan," in ji mijinta.

"Ba zan bayar ba!"

Ta buɗe. Ta yi ta juya shafi tana neman fuska, ko wuyan alkyabba, ko bakin hula. Babu. Ƙafafu ne da hannuwa. Ƙafar hagu an zana ta sau da yawa, tana jan ƙasa. Hannun hagu a rataye a jikin cinya, an yi 'yan layuka a gefen babban yatsa. Kowane shafi da kwanan wata da ɗan rubutu da ba ta iya karantawa.

"Mene ne wannan?"

Khoo ya dubi Malam Ran tukuna, kamar mai neman izini. Da bai samu ba ya ce, "Yaya, ni likita ne, na ajiye aiki bara. Shekara talatin ina duba masu ciwon jijiya da ƙwaƙwalwa. Yawo na zo, rana ɗaya na yi niyyar kallo. Amma da ya fito na ga hannunsa na hagu ba ya lilo idan yana tafiya. Idan ya tsaya yana jiran ganga, yatsan nan yana rawa. Da ya ɗaga mafici sai ya daina. Na ce ko idona ne, shi ya sa na dawo."

"Ƙarya yake," in ji Malam Ran. "Shekaranjiya ma ya tare ni a nan da wannan zancen. Na ce ya tafi."

"Ba zan sa wa abin suna a lungu ba," in ji Khoo. "Asibiti ne za su faɗa. Amma idan abin da nake zato ne, akwai magani, kuma wanda ya fara da wuri yakan daɗe yana aikinsa."

Shufen ta dubi mijinta. Hannunsa na hagu yana cikin aljihu. Sai yanzu ta tuna cewa tun bazara a can hannun yake zama. Ta tuna ya rage fuskokinsa daga goma sha ɗaya zuwa takwas, ya ce ai 'yan kallo ba ƙirgawa suke yi ba. Ta tuna ya daina ɗaure maɓallan rigarsa a gabanta.

"Fito da hannunka."

"Shufen, a gaban baƙo?"

"Fito da shi."

Ya fito da shi. Ya yi ƙoƙarin dunƙulewa, ta buɗe masa yatsu, ta ɗora hannun a kan nata. Suka tsaya su uku suna kallo. Da farko bai motsa ba. Sannan babban yatsan ya fara motsi, a hankali, kamar mai murza ƙwayar wake.

"Tsuntsayen da kake zuwa gani fa?"

Ya sunkuyar da kai. Ya ce wurin wani mai maganin gargajiya da ke tsira allurai a jiki yake zuwa a bayan kasuwar furanni, wanda ya ce masa iska ce ta shiga hannun. Ya ce ya ji tsoro in ta sani za ta hana shi hawa dandali, in masu gidan shayi suka sani kuma za su nemo yaro ya maye gurbinsa.

Ba ta yi kuka a wurin ba. Ta yage shafukan da ke da zanen mijinta, ta cusa a aljihu, sannan ta ɗaga sauran littafin ta girgiza ko wani abu zai faɗo. Ta miƙa wa Khoo.

"Idan na ji wani a Penang yana sauya fuska irin tamu, zan san wanda zan nema."

"Yaya, kwana biyar ina kallo daga taku uku, ban ga komai ba. Ko rabin yadda yake yi ban gane ba."

"Haka ma ɓarawo zai ce."

Duk da haka ta karɓi takardar da ya rubuta, mai ɗauke da abin da za su faɗa wa likita. Washegari jirginsa ya tashi, ba su sake ganinsa ba.

Ranar Litinin ta sa mijinta a gaba zuwa asibiti. Tun daga tashar bas yake cewa zuwa kawai zai yi don ya ƙaryata mutumin. Wata likita matashiya ta sa shi ya yi tafiya a baranda, ya buɗe yatsu ya rufe, ya zana da'ira a takarda. Abin da baƙon ya yi zato shi ne: ciwon jijiya mai sa hannu rawa. Aka ba shi ƙwayoyi, sau uku a rana. Bayan wata guda rawar ta ragu sosai. Ya koma wasa Asabar da Lahadi kawai, da fuska shida, Shufen kuma ta sake ɗinka alkyabbar yadda aikin zai koma hannun dama. Masu gidan shayi ba su ce komai ba. Pu ya sani, don shi ya rage saurin ganga ba tare da an roƙe shi ba.

Abin da bai gyaru ba shi ne yardarta. Idan Malam Ran ya ce zai je aski, sai ta duba kansa da ya dawo. Idan ya ce ya sha magani, sai ta zo ta tsaya a kansa da kofin ruwa.

"Na haɗiye, mace. Shekara talatin da ɗaya, yanzu kuma bakina za ki bincika?"

"Buɗe. Ɗaga harshe."

Ya yi tsaki, ya buɗe.