Marin Rafi'u Ya Hau Wuta

Haladu maƙeri ne a Jidda, shi ke ƙera wa gidan mahaukata mari. Wanda ya fi ci masa rai shi ne marin ƙanensa Rafi'u mai tsire, da ciwo ya kai shi can.

Shekarar da aka kawo sabon likita da ƙwayoyin magani, sai aka aiko kiran Haladu. Ya zo da sabon mari a kafaɗa, yana zaton wani za a ɗaure.

Likitan ya ce, "Halas, ya ammi, ɗauri ya ƙare, baffa. Yanke mari muka kira ka ka yi."

Haladu bai taɓa jin daɗin guduma kamar ranar ba. Da na ƙanensa ya fara.

Ranar sallama Rafi'u ya ce atafau sai ya tafi da marinsa. Haladu ya ɗauka ciwon ne ya dawo.

Rafi'u ya ce, "Yaya, miƙar da shi ka ƙera min abin gashi."

Tun daga nan, kullum la'asar yana bakin kasuwa yana jera tsire a kai, yana fifita garwashi. In an tambaye shi sai ya yi dariya ya ce, "Ya sha zamansa a ƙafata. Bari shi ma ya ɗanɗana wuta."