Bangon da Ke Matsowa

"Tsohuwa, daina motsi, inuwarki nake ɗauka."

Jikata ce, durƙushe da waya a hannu, tana bin ɗakina kusurwa-kusurwa. Zane mai motsi ta karanta a jami'a, irin wanda ake yi da kwamfuta. Ta ɗauki tsagar bango, ta ɗauki kukan ƙyaure, har bokitin da nake tara wa yoyo bai tsira ba.

Na ce, "Ƙawata, in kin gama ki ɗauko mai gidan hayar nan ma, ko Allah zai sa ki goge mana shi."

Wata huɗu ta yi tana haɗa fim da abin da ta ɗauka. Fim ɗin minti shida ne, ba mai magana a ciki. Yana farawa da ɗakina wasai, hasken hantsi ya shigo ta taga, ina zaune a kujerar marigayi mijina. Duk sa'ad da takardar ƙarin haya ta zuro ta ƙarƙashin ƙofa, sai bango ya matso taku ɗaya. Gado ya naɗe, tukunya ta lotse. A ƙarshe ni ma aka ninke ni kamar wasiƙa.

"Wanda ya ɓoye ciwonsa ba ya samun magani," in ji ta. "In duniya ta gani, ba mai iya tashinmu."

Shekara talatin na yi ina rubuta wa yara irin wannan magana a allo. Ban taɓa bin sawu na ga wa ta warkar ba.

* * *

Duniya kuwa ta gani. Aka ba jikata lambar yabo. Baƙi suka riƙa zuwa suna ɗaukar hoto a matakalarmu, wata har ta tambaye ni ko tsagar ta gaske ce. Dillalin gidan ya ga baƙi, ya hango abin da mu ba mu hango ba. Takardar da ta zuro wannan karon ba ta ƙari ba ce. Wata biyu aka ba mu, za a mai da benen da muke haya masauki.

Na jira kuka bai zo ba, sai na tashi na kwance labule.

* * *

Yanzu a falon ɗana nake kwana, tsakanin firji da takalman yaransa. Jikata ta daina kunna kwamfuta. Jiya da safe ta miƙo mini waya, ba ta dube ni ba.

Tallan masaukin ne. Sun yanko farkon fim ɗinta, tun bango bai motsa ba. Ga hantsi, ga taga, ga kujerar marigayi, ba kowa a kai.

"Sun goge ki, Tsohuwa."

Na gyara tabarau. A ƙasa, gefen ƙafar kujera, sun manta da inuwata. Tana nan zaune, ba ta motsi.