Sarkin Suma

Duk kwalejin babu wanda bai san Jiniya ba. Shi ne direban motar asibitin makarantar, kuma ɗalibai ne suka laƙaba masa sunan, don ko burodi aka aike shi saye sai hannunsa ya yi ta ƙaiƙayin danna jiniya. Matarsa ce nas ɗin asibitin. Kowa Sista yake ce mata, har shi kansa in suna wajen aiki, a gida kuwa Maman yara ce. Tare suke fitowa, tare suke komawa. In aka kira su wajen wani da ya faɗi, tana kujerar gefensa da akwatin magani a cinya, tana cewa ya rage gudu, shi kuwa yana ƙarawa. Wannan zama na gaban mota ya fi masa komai daɗi a duniya, ko da yake da za ka tambaye shi cewa zai yi aiki ne kawai.

Abin da ya hana shi sakat shi ne atisayen gobara.

Kowane zango sai an yi shi. A cika rabin durom da ɗanyar ciyawa a cinna mata wuta don hayaƙi ya turnuƙe, shugaban masu gadi ya buga ƙararrawa, ɗalibai su sauko ta matakala a jere su taru a filin ƙwallo. Kafin nan an zaɓi wasu an ɗaura musu jan ƙyalle a damtse, sun bazu sun kwanta kamar hayaƙi ne ya kayar da su. Doka kuwa a fili take: duk wanda ya fara isa kan mai jan ƙyalle, ya durƙusa, ya kira shi, ya kai kunne bakinsa ya ji numfashi, ko da ya san wasa ne. In kuma wani abu ya sami mai kwanciyar da gaske, sai ya zare ƙyallen ya ɗaga sama. Shi ya sa ake ɗaura shi sako-sako.

To cikin masu kwanciyar akwai wanda bai taɓa fashi ba, mai kula da ɗakin gwaje-gwaje na ginin kimiyya. Dogo ne, gwauro, rigarsa kullum a goge, turarensa na riga shi shiga ɗaki. Sauran ma'aikata suna hawa bene suna sauka suna leƙa azuzuwa, shi kuwa tun da sassafe ya miƙa damtse a ɗaura masa ƙyalle. Kuma ya iya faɗuwa, wannan kam ko maƙiyinsa ba zai musa ba. Zai dafe bango, ya sulale a hankali, ya kwanta a gefe ɗaya ba tare da rigar ta yamutse ba. Ɗalibai har tafi suke yi. Su ne suka naɗa shi Sarkin Suma.

Jiniya ya tsane shi tsana mai tsanani. Kowa Sista takan taɓa shi ta wuce, amma da ta zo kan Sarkin Suma sai ta zauna dirshan. Ta ɓalle masa maɓallin wuya. Ta kama tsintsiyar hannunsa ta zuba wa agogonta ido, shiru, shiru, har mutum ya gaji da tsayuwa. Ta sunkuya ta faɗa masa wani abu ƙasa-ƙasa, shi ma ya motsa baki. Bayan duk wannan kuma Jiniya ne zai ɗora shi a gado mai taya ya tura shi har mota, turaren nan na hawa masa kai.

Wata rana suna cin abinci ya kasa daurewa.

"Maman yara, wai shi mutumin nan jijiyar hannunsa ɓuya take yi ne?"

"Wane mutum?"

"Kin fi ni sani. Sarkinki."

Ta ajiye cokali ta dube shi, sai ta fashe da dariya. "Kai, Baban yara! Da furfurarka?"

"Furfura ba ta hana ido gani. Me kuke raɗa?"

"Ce masa nake ya rage ƙiba, direbana ba ya son nauyi."

Dariyar ta fi amsar ƙona masa rai. Da ta yi fushi da ya samu abin riƙewa, amma ta mai da shi abin wasa ta ci gaba da cin abincinta. Daga ranar ya sa ido. Ya lura Sarkin Suma kan shigo asibitin da tsakar rana, lokacin da ba kowa, a kuma tura ƙofa. Sai Jiniya ya tsiri wankin mota a daidai ƙarƙashin tagar, motar da ya riga ya wanke da safe. Ba ya jin komai sai fus-fus na abin gwada hawan jini da muryoyi ƙasa-ƙasa, amma zuciyarsa takan cike masa sauran. Har ya taɓa zuwa wajen shugaban masu gadi ya ce shi ma a ɗaura masa ƙyallen.

"In ka suma, wa zai tuƙa motar?" in ji shugaban, masu gadi suka kwashe da dariya.

Ranar atisayen wannan zangon, mai ɗaura ƙyallen bai zo da wuri ba, aka miƙa wa Jiniya. Na kowa ya ɗaura yadda aka saba. Da Sarkin Suma ya miƙo damtse yana murmushi, yana cewa "Ina kwana, babban direba," sai Jiniya ya ja ƙyallen ya yi masa ƙulli biyu, ya ɗaure tamau har sai da mutumin ya ce wash.

"Don kada ya faɗi," in ji Jiniya.

Aka buga ƙararrawa. Hayaƙi ya yi yawa a ranar, iska kuma ta juya shi bayan ginin kimiyya, inda Sarkin Suma ya saba kwanciya. Ana cikin saukowa wata ɗaliba ta zame a matakala ta gurɗe ƙafa, gurɗewa ta gaske, tana ta ihu. Sista ta tsuguna kanta, amma Jiniya yana ganin yadda take ɗaga kai tana kallon inda hayaƙin ya nufa.

"Riƙe mata ƙafar nan," ta ce masa. "Bari in leƙa bayan gini in dawo."

"Ki gama da 'yar mutane. Ni zan ɗauko miki shi."

Ta koma kan ƙafar ɗalibar. "To ka duba shi da kyau, don Allah. Ka ji numfashinsa."

Wannan "don Allah" ɗin ya soke shi a rai. Shekara da shekaru suna aiki tare, ba ta taɓa haɗa shi da Allah a kan wani majiyyaci ba. Ya tura gadon yana tafiya kamar mai zuwa kasuwa ranar da ba ya da abin saye.

Ya same shi tsakanin bango da tankin ruwa, a kan siminti, cikin rana. Yau babu kwanciyar yanga. Fuskarsa na ƙasa, takalmi ɗaya ya fita, hannun damansa na ta yaƙushin ƙullin da ke damtsen hagu. Jiniya ya jingina gadon da bango, ya shiga inuwar tankin ya harɗe hannuwa.

"Yau kuma sabon salo aka fito da shi? Sannu da ƙoƙari. Sai dai 'yan kallo ba su zo ba, ni kaɗai ne."

Leɓen mutumin ya motsa, babu abin da ya fito.

"Ba za ta zo ba, ranka ya daɗe. Tana da aiki. Ka ɗan sha rana tukuna, ko turaren zai ragu."

Ya ga gumi na tsiyaya daga goshinsa, ya ga rigar ta jiƙe ta manne a baya. Ya girgiza kai. "Har da gumi. Wallahi ka iya, a nan kam na sallama maka."

Gaskiyar magana, daɗi ya ji. Bai taɓa samun mutumin nan a ƙasa shi yana tsaye, ba kowa a kusa, sai yau. Sai ya buɗe baki ya amayar da duk abin da ya daɗe yana cinsa. Ya ce masa gari cike yake da mata, ya je ya nemi tasa. Ya ce masa asibiti ba ɗakin hira ba ne. Ya ce masa shi direba ne, i, bai yi dogon karatu ba, amma ba makaho ba ne. Yana cikin magana hannun da ke yaƙushin ƙullin ya saki, ya faɗi a kan siminti. Jiniya ya yi tsaki. A ransa cewa ya yi an kawo ƙarshen wasan ke nan.

Sai ga ƙarar takalmi. Sista ce a guje, ta bar ɗalibar a hannun ƙawayenta. Ko kallonsa ba ta yi ba. Ta zube a kan gwiwoyinta, ta juyo da mutumin, ta kai kunne bakinsa. Ta kai hannu ga ƙyallen, ta ga ƙullin, ta tsaya cak na ɗan lokaci. Sannan ta ɗago.

"Ba wasa ba ne! Kawo gadon!"

Bai taɓa jin wannan muryar a bakinta ba. Ya jawo gadon a guje. Yadda suka ɗora shi, yadda suka ratsa filin ƙwallo ɗalibai na tafi don sun ɗauka cikin shirin ne, duk bai iya tunawa da kyau ba daga baya. Abin da ya riƙe shi ne ta shiga bayan mota ta rufo ƙofa, yana tuƙi zuwa babban asibiti yana jin ta tana danna ƙirjin mutumin tana kiran sunan Allah. Ba ta ce ya rage gudu ba.

La'asar ta yi suna zaune a benci a dogon barandar asibitin, tsakaninsu akwai wurin zaman mutum guda. Likita ya fito ya ce zai rayu, zuciya ce. Ya ce da an kawo shi da wuri da ɓarnar ba ta kai haka ba, komawa aiki kuwa sai dai a manta. Da likitan ya wuce, Sista ta yi magana tana kallon bango.

"Ya daɗe da ciwon. Tsoro yake kada hukuma ta ji ta sallame shi, ga 'ya'yan marigayi wansa a hannunsa. Ba ya iya hawa bene da gudu, shi ya sa ya zaɓi kwanciya. Ni kuma nakan duba shi in ga yadda zuciyar take."

"Me ya sa ba ki gaya mini ba?"

"Ciwon mutum ba nawa ba ne da zan raba."

"Ai da na sani..."

"Da ka sani da ka durƙusa. Na yarda." Ta juyo ta dube shi. "Abin da ya tsaya mini a rai ke nan tun ɗazu. Wato sai ka san yana da ciwo tukuna za ka durƙusa."

Ya sunkuyar da kai. Kunya ta rufe shi, tsoro ma haka. Amma abin takaici, ko a wannan hali da ya saci kallonta ya ga idanunta sun yi ja, tambayar da ta fara zuwar masa ita ce, in da shi ne a ciki, haka za ta yi kuka? Ya san tambayar banza ce, kuma bai iya korar ta ba.

A gida ba ta ƙara tayar da maganar ba. Ta dafa abinci, ta zuba masa, ta amsa sannunsa. Ya yi ta jira hukuma ta kira shi, shiru. A kwalejin ma yabonsa ake yi, wai gudun da ya zuba ne ya ceci ran mutumin, masu gadi har ɗaga masa hannu suke yi. Ya fara sakin jiki, ya ɗauka abin zai wuce.

Da aka shiga sabon mako ya wanke motar tas, ya goge kujerar gaba. Aka kira daga ɗakin kwanan ɗalibai, wani ya yanke da kwalba. Ya buɗe mata ƙofa kamar kullum. Ta tsaya da akwatinta ba ta shiga ba. A bayanta direban bas ɗin ɗalibai ne, wani dattijo mai sanyin hali, yana juya makulli a hannu yana kallon ƙasa.

"Ban gaya wa kowa abin da na gani ba," ta ce a hankali, yadda shi kaɗai zai ji. "Na roƙa a musanya ku ne kawai, an kuma yarda."

"Maman yara..."

"A gida kai ne maigidana, babu abin da ya canja. Amma a motar nan ba zan iya juya baya in bar maka mutum ba."

Dattijon ya matso ya miƙa masa makullin bas, ya ce, "Ka yi haƙuri, ɗan'uwa, ni ma umarni aka ba ni." Ya shiga, ya ja kujerar gaba, ya gyara madubi daidai tsayinsa. Sista ta zagaya ta zauna, ta faɗa masa wani abu, ya gyaɗa kai, suka tafi.

Kishin ya taso wa Jiniya kamar yadda ya saba, da zafinsa, har ƙirjinsa na suya. Ya dudduba ya rasa wanda zai ɗora wa. Can bakin ƙofa ɗalibai sun cika bas suna buga jikinta, suna kiran direba ya zo za su makara.