Ruwan Gafakar Malam Maitama

A wani ƙauye kudu da Maska, a zamanin da ba a san Nasara ba sai a bakin fatake, an yi wata mata ana ce da ita Rabi'atu 'yar Malam Maitama. Ɗanta ɗaya ne, Manu, kuma shi ne na fari, don haka tun da ta haife shi bakinta bai taɓa furta sunansa ba. In za ta kira shi sai ta ce "kai wannan", in za ta yi zancensa ta ce "yaron nan", alhali yaron ya yi gemu, har ya ajiye mata mai suna Mairo.

Ran wata Talata da kaka, auduga ta fashe fari fat a gonaki, shanun wani makiyayi mai suna Jibo suka ratsa gefen gonar Manu. Waɗanda suka gani sun ce ko kunya biyu ba su taka ba. Jibo yana korarsu yana ba da haƙuri, Manu ya ɗauki ƙotar fartanya ya bi shi ta baya ya rafka masa a ƙeya. Jibo ya faɗi. Manu ya tsaya a kansa ya ƙara masa biyu.

Kafin hantsi ya yi zafi an kwashi Jibo zuwa ruga, yana numfashi amma ba ya magana. Mai gari ya aika wa alƙali. Aka nemi Manu aka rasa. Mutum ɗaya ne ya san inda yake, domin Rabi'atu da hannunta ta tura shi cikin rumbun gero da ke bayan ɗakinta, wanda aka share ana jiran sabon hatsi, ta ja murfin ta rufe.

Daga nan ta shiga ɗaki, ta ɗaga shimfiɗa, ta ɗauko gafakar mahaifinta.

Malam Maitama ya shekara talatin yana rubutu a gidan alƙali. Da ya rasu almajiransa suka raba littattafansa, sai bayan kwana arba'in Rabi'atu ta tsinci wannan jakar fatar a ɓoye cikin rufin ɗakinsa, an naɗe ta da tsumma. Ita karatunta bai wuce abin sallah ba. Ta dai ga rubutun babanta ne, ta kuma ga ya ɓoye shi daban da sauran, sai ta ce a ranta lalle wannan shi ne babban asirinsa. Tun daga ranar, duk sanda zuciyar Manu ta tashi, sai ta zare takarda ɗaya ta jiƙa a ƙoƙo, tawadar ta narke, ta ba shi ya sha. Shekara bakwai ke nan tana haka. Yanzu saura takardu huɗu.

Ta yafa mayafi ta nufi gidan Malam Abdussamad, babban almajirin mahaifinta. Ta same shi a zaure yana fiƙe alƙalami. Ta durƙusa daga bakin ƙofa suka gaisa.

"Na ji abin da ya faru, 'yar Malam," in ji shi. "Allah ya kawo sauƙi."

"Amin, Malam. Taimako na zo nema. Maganin da nake ba yaron nan ya kusa ƙarewa, kuma ga shi yau ne ya fi bukatarsa. Ka dubo mini wadda ta fi ƙarfi a cikin huɗun nan, in da hali ka kwafa mini wasu."

Ta tura gafakar gabansa. Malam yana ganinta ya ajiye wuƙar.

"Ina kika sami wannan?"

"A rufin ɗakin Baba."

"La'ilaha illallahu. Shekara bakwai ina cigiyar jakar nan. Har Musawa na aika, ina zaton wani ɗan'uwanmu ne ya yi gaba da ita." Ya buɗe da sauri, ya ga takardu huɗu, ya leƙa ciki, ya girgiza ta. "Ina sauran?"

Rabi'atu ta kwance bakin zanenta ta fitar da wani ƙunshi. Takardu ne masu kauri a jere, sun motse, sun yi fari-fari, babu ko ɗigo a jikinsu. Ba ta taɓa zubar da ko ɗaya ba, don girman hannun da ya rubuta.

Malam ya ɗauki ɗaya ya ɗaga ta wajen haske. Ya ɗauki wata. Bakinsa a buɗe.

"Me kika yi musu?"

"Wankewa nake yi yana sha."

"Duka?"

"Ɗaya-ɗaya dai. In abin ya yi tsanani, uku."

Malam Abdussamad ya dafe kai. Can ya yi wata 'yar dariya wadda ba ta daɗi ba.

"Ni ina aikawa Musawa, ashe littafin yana cikin Manu."

"Malam, na yi laifi ne?"

"Rabi'atu, kin san abin da ke rubuce a nan?"

"Addu'a ce mana."

"Matso ki ji."

Ya ɗauki takarda ta farko. Rubutun ajami ne, da Hausa, sai ya karanta mata kamar yadda yake:

"Na talatin da takwas, mahauci ne. Na zauna da shi wuni biyu kafin a zartar masa da hukunci. Na tambaye shi me ya ji sa'ad da ya soki ƙanensa. Ya ce bai ji komai ba. Ya ce da ya ga jini sai kansa ya yi sanyi kamar an sauke masa kaya. Ya ce yunwa ce ma ta kama shi, ya shiga gida ya ce a ba shi tuwo."

Rabi'atu ta zuba masa ido. Ta ji kalmomin sarai, amma sun ƙi zama a kanta.

"Wace irin addu'a ce wannan?"

"Ba addu'a ba ce. Duk wanda aka kawo gaban alƙali da jini a hannunsa, mahaifinki yakan nemi izini ya zauna da shi. Ya tambaye shi yadda ya tashi, da wanda ya rene shi, da abin da ya ji a lokacin, ya dawo ya rubuta. So yake ya gane abin da ke sa ɗan'adam ya kashe ɗan'uwansa. Ya ɓoye shi ne don akwai sunayen mutane a ciki, kuma danginsu suna nan da rai."

Ta tuno ƙoƙon, da baƙin ruwan, da yadda take yin bisimilla kafin ta miƙa masa, da yadda yake shanyewa ya goge baki ya ce, "Inna, da ɗaci." Ta dubi tulin farar takardar. Mutum talatin da bakwai.

"Innalillahi," ta ce. "Innalillahi. Ni na ɗura masa su. Duk suna cikinsa, Malam. Da hannuna. Ka kai ni gaban alƙali, ni zan ce ni na sari Jibo, yaron nan bai san komai ba, ni na..."

"Tawada ce, 'yar Malam. Gawayi ne da ƙaro. Ba ayar Allah ba ce balle ta yi aiki, ba kuma sammu ba ne. Abin da kika ba shi bai wuce ruwan toka ba."

"To me ya sa ya zama haka?"

"Kin ce shekara bakwai. Kafin nan fa, lafiya lau yake?"

Ta buɗe baki za ta ce e, sai ta tuna. Manu yana ɗan shekara goma ya tsone wa jakin maƙwabta ido da kara, don ya ci masa rake. Ita ta je ta ce ƙaya ce ta soki jakin. A lokacin babanta yana da rai, gafakar tana cikin rufi.

Malam bai matsa mata ba. Ya ɗauki takarda ta ƙarshe ya duba, ya yi kamar zai mayar da ita, sannan ya ce, "Wannan ita ce rufewar littafin. Da bakinsa ya taɓa gaya mini, amma gara ki ji daga hannunsa."

Ya karanta:

"Mutane suna cewa ana gane mai kisa a ido ko a goshi. Na dubi fuska arba'in, ban ga haka ba. Akwai kyawawa a cikinsu, akwai masu sahun gaba a masallaci. Abu guda na tarar a wajen mafi yawansu, ba ranar kisan suka fara ba. Wani ya fara a kan dabba, wani a kan ƙanensa, wani a kan matarsa. Kuma kowane ɗaya yana da mai sonsa da yake bin bayansa yana share sawu. In na tambayi mai sharewar, sai ya ce mini ai zuciya ce kawai gare shi, amma yaron kirki ne. Ban san maganin wannan ba. Allah shi ne masani."

Rabi'atu ba ta yi kuka ba. Haƙorin Mairo ta tuna. Bara da damina Manu ya fasa wa matarsa baki saboda fura ta yi tsami. Da uban yarinyar ya zo, Rabi'atu ce ta tare shi a zaure ta rantse masa cewa santsi ne ya kwashe ta a bakin rijiya. Ranar ta jiƙa takardu uku. Kuma da bakinta ta ce wa Mairo, "Ki yi haƙuri, zuciya ce kawai gare shi."

"Baba ya san da maganar jakin?" ta tambaya da ƙyar.

"Ban sani ba." Malam ya mayar da takardun cikin gafaka a hankali. "Ni ban tambaye ki inda Manu yake ba, ba kuma zan tambaya ba. Amma 'yan'uwan Jibo suna ta taruwa a ruga da sanduna. In su suka fara samunsa, ba gidan alƙali za su kai shi ba. In kuwa ya tsere yau, to wani gari zai je, kuma can ma akwai mutane."

Ta tashi. Ta bar masa gafakar da farin tulin duka, ko sallama ba ta yi ba.

Da ta iso gida rana ta take tsaka. Dogarai biyu suna tsaye a ƙofar zaure tare da mai gari, mutane sun yi cirko-cirko.

"Rabi, ina ɗanki?" in ji mai gari. "Ki faɗi gaskiya, Jibo yana da sauran rai. In ya miƙa kansa yanzu, magana tana da sauƙi."

"Ku shigo," ta ce.

Mairo tana tsakar gida riƙe da taɓarya, ta daina daka. Ta rufe bakinta da gefen mayafi, kamar yadda take yi tun bara in ta ga baƙi. Rabi'atu ta dube ta, ta wuce bayan ɗaki, mazan suna biye. Ta tsaya a gindin rumbu. Da jin sawunta, murya ta fito daga ciki ƙasa-ƙasa.

"Inna? Kin kawo ruwan? Zafi zai kashe ni a nan. Kin ce musu na yi Danja?"

Ta taka dutsen da ke gindin rumbun ta ture murfin. Muryarta ta fito har zaure.

"Manu. Fito."

Mairo ta saki taɓarya. Mai gari ma sai da ya ja da baya, don duk garin babu wanda ya taɓa jin sunan nan a bakinta. Can kan Manu ya ɓullo, duk ƙaiƙayi, gumi yana zuba. Ya ga dogarai. Ya juyo ya dubi uwarsa, jijiyar wuyansa ta miƙe, ya dunƙule hannu a bakin rumbun. Ta san kallon. Sau da yawa ta gan shi a kan wasu, ta ruga ta ɗauko ƙoƙo. Yau ta tsaya a inda take.

Babban dogarin ya kwance igiya daga kafaɗarsa. "Baiwar Allah, wannan shi ne?"

"Shi ne," in ji Rabi'atu. "Shi ya sari Jibo. Haƙorin yarinyar can ma shi ne, ba rijiya ba ce. Ku tafi da ni, akwai sauran abin da zan gaya wa alƙali."