Hannun Hagun Baba Welankar

Ranar da Jamilatu ta fara aiki a gidan wani tsoho a unguwarsu ta Abbey Wood a London, murna take kamar an ba ta kujerar Makka, don an ce mata mai haɗa waƙoƙin fim ɗin Indiya ne. Ita kuwa tun tana ƙarama a Fagge ba ta da abin kallo sai Indiya. Ta goya 'yarta Ihsan, ta sauko flat ɗin da ke ƙasan nasu, ta durƙusa ta gaishe shi, ta hau jero masa finafinan da ta sani.

Ya bari sai da ta gama, sannan ya ce da Turancinsa mai nauyi, "Babu nawa ko ɗaya. Waɗannan na Hindi ne. Ni da Marathi nake aiki."

Ashe wani yare ne daban, da finafinansu daban. Sunansa Mukund Welankar, mutumin garin Pune. Tun yana saurayi yake haɗa kiɗa wa masu wasan dandamali, irin wasan da ɗan wasa zai tsaya tsakiyar magana ya kama waƙa, daga baya 'yan fim suka ja shi. Da ɓarin jikinsa na hagu ya shanye, 'yarsa Sulabha ta ɗauko shi London. Ita tana aiki a kemis tun safe, shi ya sa ta ɗauki Jamilatu ta riƙa zama da shi, ta ce ta zo da jaririyar babu komai.

A kusurwar falo akwai wani akwatin katako lulluɓe da jan ƙyalle. Hamoniyam sunansa. Hannun dama ke danna maɓallan, na hagu ke buɗe bayansa yana rufewa don iska ta shiga. In babu iska, babu sauti. Tunda hannun Baba ya mutu ba a ƙara ɗaga ƙyallen ba.

To, 'yan yarensu da ke London suna shirin wani wasa. A al'adarsu sai an kaɗa ƙararrawa sau uku, sannan 'yan wasa su taru bayan labule su rera waƙar buɗewa, wadda suke kira nandi. Sun roƙi Baba ya yi musu sabuwa, ya yi musu alkawari. Shi kuma bai taɓa rubuta kiɗa a takarda ba. A yatsunsa yake fita, mawaƙa su ɗauka da kunne. Sulabha ta sayo masa na lantarki, wanda hannu ɗaya ya isa, ya danna sau ɗaya ya ture.

"Wannan ba ya numfashi," in ji shi.

Ga shi likita ya gaya wa Sulabha zuciyarsa ta gaji. Waƙa na cikin kansa, kuma in ya tafi, da ita zai tafi.

Wata safiya Jamilatu na sa masa maɓallin riga ta ce, "Baba, in iska ce kawai, ai sai in riƙa hura maka."

"Ba mai taɓa shi sai almajirina. Haka malamina ya bar min." Ya dubi akwatin. "Amma zan iya ɗaukar ki. A ɗaura miki jan zare a hannu a gaban wurin bautata, ki sa goshi a ƙafata. Shi ke nan."

Da yamma ta kai wa mijinta Zailani maganar, ya dawo daga tuƙin bas yana cin tuwo.

"Wato Maman Ihsan za ta zama makaɗiya? A gaya wa Hajiyarki a Fagge ko a ɓoye mata?"

"Baban Ihsan, ba wasa nake ba. Mutumin nan mutuwa zai yi."

Ya ajiye cokali. "Hura iska ba komai ba ne. Amma goshin nan fa, ke ma kin sani."

Ta sani. Washegari ta durƙusa gabansa kamar kullum ta ce, "Baba, ka yi haƙuri. Goshina Allah kaɗai nake sa wa a ƙasa. Zaren ma ba zan iya ba."

Bai yi faɗa ba. Ya juya fuska wajen taga. Daga ranar magana ta ragu, sai e da a'a. Abinci ma cokali kaɗan yake karɓa. Masu wasan suka yi waya suna tambaya, Sulabha ta ce su ƙara haƙuri, ta fita baranda ta yi kukanta. Ita ma ta taɓa ce masa za ta hura, ya tuna mata cewa tana budurwa ta ƙi zaren ta zaɓi boko.

Ran nan Jamilatu ta kawo masa shayi, sai ta ga yatsunsa na dama suna tafiya a kan bargo, suna hawa suna sauka, idonsa a rufe. Suna kaiwa wani wuri su tsaya, su koma farko. Ta daɗe tana kallo, shayin na hucewa a hannunta.

"Baba, wa ke riƙe maka kwano in kana cin abinci?"

Ya buɗe ido. "Ke."

"Wa ke sa maka maɓalli?"

"Me kike so, yarinya?"

"Ni ba karatu nake nema ba. Ko ka koya min ba zan iya ba, makarantar ma a JSS na tsaya. Aikin hannunka na hagu nake yi tun da na zo gidan nan. Da can da hannun yake da rai, ka ɗaura masa zare kafin ya taɓa akwatin?"

Ya zuba mata ido har ta fara tunanin ta yi rashin kunya. Can ya ce, "Wanke shi nake yi. Je ki wanke hannu. Ki cire silifas."

Ta ɗaga ƙyallen, ƙamshin tsohon turare ya taso. Ta ɗora akwatin a tebur, ta tsaya ta gefensa na hagu, Ihsan a baya. Kakanta maƙeri ne, ta sha ganin yadda ake zuga wuta, don haka ta kama da ƙarfinta. Akwatin ya yi wata ƙara kamar an take jaki, Ihsan ta farka da kuka.

"Ƙarfe za ki narka?" in ji Baba yana dariya. Rabonsa da dariya tun kafin maganar zare.

Suka yi ta gwadawa, ko ta yi sauri ko iska ta yanke masa a tsakiya. Sai da Ihsan ta koma barci ya nuna ta da haɓa.

"Kina jin numfashinta a bayanki? Shi za ki bi. Kar ki kalli yatsuna."

Ta rufe ido. Ƙirjin yarinyar ya taso, ta buɗe. Ya sauka, ta rufe. Sai ga sauti ya fito siriri, ya miƙe, ya yi ta hawa a hankali kamar mai hawa bene da kaya a ka. Da suka kai wurin nan da yatsunsa ke tsayawa a bargo, ya tsaya, ita ba ta daina hurawa ba. Ya gwada nan, ya gwada can, sai ya wuce.

Ranar Asabar mawaƙan suka zo suka zauna a ƙasa. Baba ya kaɗa, su maimaita, ya ce ba haka ba, su sake. Hannun Jamilatu har ya sage, ba ta nuna ba. Sulabha na bakin kicin tana ɗauka a waya. Da suka rera daga farko har ƙarshe ba gyara, ya ɗauke hannunsa ya ce wa 'yarsa, "Zo ki rufe shi." Ita ta mayar da ƙyallen da hannunta.

Bai kai ranar wasan ba. Da hantsi ya cika, a kujerarsa ta bakin taga.

An yi wasan a wani hall a Croydon, da rana. Sulabha ta yi musu booking a layin gaba, Zailani har da babbar riga. Aka kaɗa ƙararrawa ta ɗaya, ta biyu, ana kaɗa ta uku wuri ya yi tsit. Hayaƙin turare ya fito ta ƙasan labule, muryoyi suka tashi daga baya. Jamilatu ba ta jin kalma ko ɗaya, amma ta san inda za a hau, ta san inda za a ja numfashi. Da aka zo wurin da yake tsayawa, ta riƙe nata numfashin har suka wuce.

Sulabha ta kamo hannunta na hagu ta riƙe gam. Ihsan na kan cinyar ubanta, ta yi barci tun ba a buɗe labule ba.