Wasan da Muttaka Bai Tashi Ba

"Goge bidiyon nan, Garzali, ko in fasa wayar a kanka!"

Motar asibiti ba ta gama fita daga lungunmu na unguwar Al Asmakh a nan ƙasar Larabawa ba, da gawar Muttaka a ciki, amma sakaran nan yana tsaye riƙe da waya kamar ɗan jarida. Dawowata ke nan daga gadi, ko takalmi ban cire ba.

Muttaka maƙwabcina ne, katako kaɗai ya raba ɗakunanmu. Direba ne, ɗan zangon Kumasi. Ba ruwansa da ƙwallo. Jarabarsa ɗaya ce, tsofaffin fina-finan kaboyi na barkwanci, marasa launi, marasa magana.

Yakan ce, "Waɗanda suka yi su sun san aiki. Ba yare, amma Bahaushe da ɗan Nepal su yi dariya tare."

Duk Juma'a bayan an ci abinci sai ya kafa malafa, ya hau tsintsiya a tsakar gida a matsayin doki. A harbe shi da yatsa, ya dafe ƙirji ya zube, ko uffan. Sai an tafa yake tashi ya kaɗe wando.

Ran nan ma ya dafe ƙirji ya zube. Suka tafa. Ya buɗe baki, ya miƙo hannu, suka ƙara shewa. Ƙarti cike da gida, aka rasa mai hankali ɗaya da zai durƙusa ya duba shi! Har yanzu in na tuna, zuciyata tafasa take.

"Wallahi mun ɗauka wasa ne, Yaya," in ji Garzali. "Khalas, na goge."

"Ka tura wa wani?"

Ya sunkuyar da kai. "Shi ya ce duk sati in riƙa tura wa 'yarsa."

Abin da nake gudu ke nan. Adijatu ba ta da kowa sai babanta, so nake wani babba ya fara kiranta ya lallaɓa.

"Yalla, janye shi kafin ta buɗe!"

Ya duba, ya miƙo min wayar. Ta riga ta turo saƙon murya. Na danna.

Dariya take har da tari. "Kai, Baba! Garzali, ka yanke da wuri. Ina wurin da ya tashi? Turo sauran, ina jira."

Malafar tana kife a bakin rariya, ruwan wanke-wanke yana ratsa gefenta.